Ranar da alƙali ya shigo gidanmu a Dukawuya

A cikin watan nan ne mahaifina, Malam Inuwa, yake cika shekara goma sha biyar da rasuwa. Allah ya ji ƙansa, ya haskaka kabarinsa. Ba sananne ba ne, ba za ku taɓa jin sunansa a rediyo ba. Marini ne. A karofin Ƙofar Mata ya yi sana'arsa tun yana saurayi har ƙarfinsa ya ƙare. Kullum da safe zai hau kekensa daga Dukawuya ya ratsa gari, da yamma ya dawo hannuwansa shuɗi har gwiwar hannu. Duk shekara idan lokacin nan ya zagayo, mu 'ya'yansa mukan taru a gida, a yi sauka, a yi masa addu'a, a watse. Bana kuwa na ji ina so in rubuta wani abu. Dalili shi ne kwanakin baya na ji labarin wani mai hali da kotu ta dakatar da gininsa, ya yi kunnen uwar shegu ya ci gaba, aka aika masa sammaci ya ƙi zuwa. Sai na tuna ashe ni ma an taɓa tsayar da mahaifina gaban alƙali a kan laifi mai irin wannan suna, wato raina umarnin kotu.

Abin ya faru ne a shekarar da sojoji suka koma bariki suka miƙa wa farar hula mulki, wannan karon da muke cikinsa har yau. Ni a lokacin na dawo gida wankan haihuwar fari, shi ya sa komai a kan idona aka yi.

Gidanmu na ƙasa ne, irin na cikin gari, kakanmu ya gina shi. Katanga ɗaya ce ta raba mu da gidan Alhaji Buba, Bafulatanin da iyayensa suka daɗe da zama birni, shi kuma yana fataucin shanu zuwa kudu. Tare suka taso da Baba, allo ɗaya suka yi a zauren malami ɗaya. Da Allah ya buɗa wa Alhaji Buba, sai ya so ya rushe gidan ƙasar ya tayar da bene. Ya kawo mai awo, mai awo ya ja igiyarsa ya ce katangar nan a cikin filin Alhaji take, iyakar gaskiya tana can ciki ta wajenmu. Abin da ake magana a kai bai wuce faɗin tabarma ba. Sai dai a cikin wannan faɗin tabarmar ne bakin rijiyarmu yake, rijiyar da kakanmu ya haƙa, wadda rabin lungun ke ɗiba idan famfo ya ɗauke. Baba ya ce ubansa ne ya ɗora katangar nan da hannunsa, yana yaro yana miƙa masa tubali. Alhaji Buba ya ce takarda ba ta ƙarya. Mai unguwa ya zaunar da su, dattawan masallaci suka sa baki, abu ya ƙi. Tsakanin harshe da haƙori ma akan saɓa, amma wannan saɓanin sai da ya kai babbar kotu.

Baba yana da wani irin imani da kotu a wannan shekarar, wanda sai wanda ya rayu a zamanin soja zai gane. Ya sha ba mu labarin safiyar da aka zo da motar rusau aka share rumfunan wasu abokansa a kusa da karofi, mutane suna tsaye suna kallo, ba wanda za ka kai wa kuka, wanda ya buɗe baki ya sha bulala. Don haka da aka ce yanzu talaka zai iya kai ƙara a saurare shi, sai ya ɗauki maganar da gaske. Shi da kansa ya sa lauyansa ya roƙi kotu ta hana Alhaji Buba taɓa katangar. Alƙali ya amince, amma ya ɗaure su su biyun: kada wanda ya rushe, kada wanda ya ɗora ko tubali ɗaya a wurin, har sai an yanke hukunci. Ranar Baba ya dawo gida yana murna kamar an ba shi kujerar Makka. Ya ce da mahaifiyarmu, Umma, “Kin gani? Yau takarda ta tsayar da mai kuɗi, ba a daki kowa ba.”

Maza suna can suna shari'a, sun daina ko gaisuwa sai ɗaga hannu, mata kuwa ba abin da ya canja. Akwai inda katangar ta yi ƙasa, an kifa turmi a gindinta, ta nan ake miƙa garwashi da gishiri da ƙoƙon fura. Mahaifiyar Alhaji Buba, wadda duk unguwa ke kira Dada, ita ta yanke mini cibiya ranar da aka haife ni. A lokacin da nake ba ku labari ƙafa ta riga ta ƙi ta, ba ta wuce ƙofar ɗakinta, amma kullum sai ta aiko mini da man shanu ta kan katangar, tana ɗaga murya tana tambaya ko ruwan wankan ya yi zafi yadda ya kamata. Ɗakinta kuwa a jikin katangar rigimar yake. Katangar ce bangon bayan ɗakin, a kanta azarar rufin ta kwanta.

Sai marka ta kama. An yi kwanaki ana ruwa ba ƙaƙƙautawa, irin wanda ba ya da ƙarfi amma ba ya ɗaukewa, ƙasa ta sha ta ƙoshi. Wata safiya da hantsi ina zaune a bakin ƙofa ina shan kunun kanwa, sai na ji wani nishi daga jikin katangar, kafin in ajiye ludayi ta zube. Allah ya sa ta wajenmu ta faɗo, kuma ba kowa a gindinta. Da muka farfaɗo daga firgita, sai ga mu muna kallon cikin ɗakin Dada. Tana zaune a kan gadonta na ƙarfe, carbi a hannu, ga jeren ƙorenta a bango, ga azara tana reto a saman kanta ba abin da ya riƙe ta.

Baba yana gida, don marini ba ya aiki a ranar da ba wurin shanya. Da gudu ya tsallaka tarin ƙasar ba takalmi. Maƙwabta suka shigo, aka samo gwafanni aka tokare rufin. Baba ya durƙusa gaban Dada ya ce, “Dada, ki yi wa Allah ki bari a ɗauke ki. Ga ɗakin Umma can, ko ɗakin surukarki.”

Ta dube shi ta ce, “Inuwa, a ɗakin nan aka kawo ni amarya, a nan mai gidan ya cika. Ba inda za ni. In ɗakin ya ga dama ya rufta, ya hutar da ku haƙa.”

Wanda ya san tsofaffin Fulani ya san idan suka faɗi magana sun gama. Surukarta ta yi kuka, Umma ta yi roƙo, limamin masallacinmu ya tsaya daga zaure ya yi nasiha, Dada ta ci gaba da jan carbinta.

Alhaji Buba yana kudu da shanu, kuma lokacin babu wayar hannu. Baba ya ba wani direban motar shanu saƙo, bai san ko zai isa ba. Ya hau keke cikin ruwa ya je ofishin lauyansa, ya tarar da kwaɗo a ƙofa, aka ce kotuna suna hutun shekara, lauya ya tafi garinsu. Ya kira magini. Magini ya taɓa gwafannin, ya dubi sama ya ce waɗannan ba za su jure wani babban ruwa ba, kuma tubalin ƙasa ba ya bushewa a marka, in za a yi sai dai bulo da siminti.

Ina ɗaki ina ba jariri nono na ji maganarsu da Umma a tsakar gida. Ta ce, “Malam, takardar kotu fa?”

Ya ce, “Na sani. Ai ni na roƙo ta.”

Ta ce, “Za su ce da gangan ka yi.”

Can sai ya ce, “Za su ce. Amma in ɗakin nan ya danne Dada ina tsaye da takarda a hannu, wace kotu ce za ta wanke ni?”

Washegari aka sauke bulo a bakin lungu. Baba ya ce da magini ya bi tsohon tushen, ya tashi ginin iya inda zai ɗauki azara, kada ya ƙara ko ɗani. Yana tsaye ana aikin, amma ban ga fara'a a fuskarsa ba. Bayan an gama da ɗan lokaci aka yi wani ruwa da iska wanda ya kayar da gidaje a unguwanni da dama na cikin gari. Ɗakin Dada bai motsa ba.

Ba na so in zalunci Alhaji Buba a wannan rubutu, yana raye, kuma uba ne a wurina. Ku dubi abin ta wajensa. Saƙon Baba bai same shi ba. Tun a kasuwar shanu, kafin ya iso gida, aka tare shi da cewa Malam Inuwa ya faki idonka ya yi ginin siminti. Ya shigo ya tarar da katangar bulo a daidai wurin da yake cewa ba nan ne iyaka ba. Katangar ƙasa ana iya cewa tsohuwa ce, a rushe. Ta siminti kuwa kamar an buga hatimi ne. Kuma mutumin da ya yi ginin shi ne wanda ya sa kotu ta ɗaure masa hannu. Dada ta yi masa bayani, ya ce tsufa ne, an yi mata wayo. Idan bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, masu zuga kuwa ba su yi ƙaranci ba. Lauyansa ya zo da mai hoto, aka ɗauki katangar ta kowace fuska. Da kotuna suka dawo hutu, sai ga ma'aikacin kotu a ƙofar zaurenmu da sammaci: Malam Inuwa ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a tura shi gidan yari saboda raina umarnin kotu.

Ban taɓa ganin gidanmu ya yi shiru irin na waɗannan kwanaki ba. Lauyan Baba ya zo ya zauna a zaure yana ta girgiza kai. Ya ce wannan ba wasa ba ne, alƙalai sun sha wulaƙanci a hannun soja, an sha yaga umarninsu a gabansu, yanzu kowane alƙali yana so a san kotu ta dawo da haƙoranta. Ya ba Baba shawara ya ce gyara ya yi, ba gini ba, ko ya ce bai fahimci takardar ba tunda da Turanci take. Baba ya ce an fassara masa ita da Hausa, ya fahimta sarai, kuma bulo da siminti gini ne ko a gaban wa.

Na riga na yi arba'in, maigidana ya aiko a mayar da ni, na roƙe shi ya ƙara mini kwanaki. Ina kallo Baba ya shiga shiri irin na mai tafiya. Ya je karofi ya damƙa wa abokin aikinsa kayan mutane da ke hannunsa, ya nuna masa na wane da na wane. Ya gyara wa Umma murhu. Ya sa aka wanke masa riguna biyu, ya haɗa da carbi da maganin hawan jininsa a cikin jaka. Umma ba ta yi kuka a gabansa ba, sai ta shiga madafa. Abin da ya fi cin ransa ba ɗaurin ba ne. A cikin gari, dattijo mai 'ya'ya da jikoki a ce an kai shi gidan yari, ko na kwana ɗaya ne, tabo ne da zai bi zuri'a. Ƙannena mata biyu ba su yi aure ba tukuna.

Ranar zaman na bi su, da goyo a bayana. Alƙalin ba tsoho ba ne, siriri ne mai tabarau, ba ya ɗaga murya. Lauyan Alhaji Buba ya yi dogon bayani da Turanci yana ɗaga hotuna. Sannan aka kira Baba, tafinta ya tsaya kusa da shi.

Alƙali ya ce, “Ka yi gini a wurin?”

Baba ya ce, “Na yi, ranka ya daɗe.”

“Ka san da umarnin kotu?”

“Na sani. Ni na nema.”

Na ga lauyanmu ya sunkuyar da kai. Alƙali ya ajiye alƙalami ya ce to me ya sa. Baba ya faɗi abin da ya faru daga farko har ƙarshe, bai ƙara gishiri ba, bai zagi kowa ba. Lauyan ɗaya ɓangaren ya miƙe ya ce wannan labari ne kawai, hotuna ba su nuna wata tsohuwa ba, katanga suka nuna. Alƙali ya ɗan yi rubutu, sannan ya ce gani ya kori ji, kotu za ta je wurin da kanta.

Mota ba ta shiga lungunmu. A bakin titi alƙali ya sauka, ya tako da ƙafa, yana tsallake kwata, magatakarda da lauyoyi da ɗan sanda suna biye. Duk Dukawuya ta fito. Aka yi sallama, mata suka shige ɗaka, ni dai na laɓe a bayan labule ina leƙe. Ya dubi katangar ta wajenmu, ya dubi tarin tsohuwar ƙasar da Baba ya hana a kwashe, ya leƙa rijiya. Daga nan ya zagaya gidan Alhaji Buba. Ni kuma na fito na hau turmin nan, don ba zan iya jira a ba ni labari ba.

A ƙofar ɗakin Dada ya tsaya ya cire takalmi. Ya gaishe ta, ya shiga ya ɗaga kai ya ga inda azara ta hau kan sabon bulo, ya ga gurbin gwafanni a daɓen ɗakin. Ya tambaye ta ko ta san abin da ya kawo shi.

Ta ce, “An ce ɗaure Inuwa za ka yi.”

Ya ce, “Ban ce ba tukuna, Hajiya. Tambaya nake yi.”

Dada ba ta taɓa kama sunan Alhaji Buba ba, ɗan fari ne, akwai kunya. Da haɓa ta nuna shi ta ce, “Wancan yana kudu ranar da bango ya faɗi. Ni ce a ciki. An ce in fita na ƙi. In akwai mai taurin kai a maganar nan, ga ta a zaune. In ɗaurin ne, ka sa a kawo abin ɗauka, don ni ba na iya tafiya.”

Wani daga cikin masu rakiya ya yi dariya ya haɗiye. Alƙali bai yi ba. Ya juya ya tambayi Alhaji Buba, da yana gari ranar, me zai yi? Alhaji ya dubi rufin, ya dubi mahaifiyarsa, ya sunkuyar da kai. Lauyansa ya so ya amsa masa, alƙali ya ɗaga hannu ya ce ba shi ya tambaya ba.

Ranar hukunci Baba ya tafi da jakarsa. Abin da alƙali ya ce, kamar yadda tafinta ya juya mana, ban manta ba. Ya ce an saɓa umarnin kotu, wannan babu shakka, kuma kyakkyawar niyya ba ta mayar da saɓo biyayya. Ya ce ko a lokacin hutu akwai alƙalin da ake bari saboda irin wannan gaggawa, da Malam Inuwa ya nema da an ba shi izini a yini ɗaya, rashin sanin hakan kuma ba hujja ba ce. A nan na riƙe bencin gabana. Sai ya ci gaba. Ya ce amma ana hukunta mai raina kotu ne saboda rainin, shi kuwa bai ga raini a wurin mutumin da ya zo da ƙafarsa, ya amsa abin da ya yi, bai ɓoye komai ba. Ya tambayi Baba ko yana da abin cewa.

Baba ya ce, “Ina ba kotu haƙuri. Kuma in shari'a ta ba Alhaji wurin, ni da hannuna zan rushe abin da na gina.”

Alƙali ya sa aka rubuta wannan alkawari. Ya ce kotu ta karɓi haƙurin, ta yi masa gargaɗi, katanga ta tsaya yadda take har ƙarshen shari'a. Ya sallame shi.

Ban san lokacin da na fara kuka ba. A waje Baba ya nemi inuwa ya zauna a kan wani dakali, ya ɗora jakar a cinya ya ƙanƙame ta. Sai lokacin na gane ashe duk kwanakin nan a tsorace yake, daurewa kawai yake yi saboda mu. Ya ce in samo masa ruwa. Ya sha, ya yi hamdala, ya ce, “Mu je gida, uwarku tana can ba ta ci komai ba.” Da muka shiga lungu, tun kafin mu kai ƙofa yara sun kai labari. Umma tana tsaye a tsakar gida, ta karɓi jakar daga hannunsa, ta zazzage rigunan ta mayar da su cikin akwati. Ta bayan katanga muka ji muryar Dada tana tambaya, “Ya dawo?” Aka ce ya dawo. Ta ce, “To, a ba shi fura.”

Ita uwar shari'ar ba a taɓa yanke ta ba. An ɗaga zama, an sake ɗagawa, Alhaji Buba ya daina zuwa, Baba ma ya daina, har kotu ta kori ƙarar. Ba zan ce muku sun koma aminai kamar da ba, don ba haka aka yi ba. Gaisuwa ta dawo, suka koma tsayawa a sahu ɗaya, in an yi rasuwa ko suna a gidan ɗaya, ɗayan yana kan tabarma. Bayan Dada ta rasu Alhaji ya yi benensa, ya ja ginin ta wajensa, ya bar rijiya.

Mutanen unguwa sun so su mayar da labarin na jarumtaka, wai Malam Inuwa ya ka da mai kuɗi a kotu. Baba ba ya son jin haka. Yakan ce shi bai ka da kowa ba, laifi ya yi aka yafe masa. Yakan ce alƙali ya fi shi gaskiya, da ya ƙara tambaya a harabar kotun maimakon ya tsaya a ƙofar lauya, da bai jefa iyalinsa cikin wannan tashin hankali ba. Na taɓa tambayarsa, to da za a sake, zai gina? Ya ce zai gina, amma sai ya fara zuwa ya buga ƙofar kotu ko da zai kwana a bakinta.

Shi ya sa nake tunanin me zai ce da ya ga Kano ta yau. Kududdufan da ke shanye ruwan unguwanni an cike su an yi shaguna. An ci jikin ganuwa, an toshe hanyoyin ruwa, damina tana zuwa gidajen talakawa su zama tafki. Sau da yawa za ka ji an ce akwai umarnin kotu a kan wurin, amma leburori suna ta aiki, mai ginin kuma ba wanda ya taɓa ganin ƙeyarsa a gaban alƙali. Na tabbata abin zai ba shi takaici, shi da ya yi murna ranar da takarda ta tsayar da mai kuɗi. Amma ba na jin zai yanke ƙauna. Zai ce shi dai ya ga alƙalin da ya tako kwata ya cire takalmi a ƙofar ɗakin tsohuwa, kuma ƙasar da ta haifi wannan ba za ta rasa irinsa ba. Abin da ba zai yarda da shi ba shi ne wani ya fake da labarinsa. Kowa ya karya umarni yana da dalilin da zai faɗa. Shi da ya karya, ya je, ya tsaya, ya amsa, ya kuma tafi da rigunansa a jaka.

Bai bar mana dukiya ba. Sana'ar ma babu wanda ya gada a cikinmu, ƙannena maza duk boko suka yi. Abin da nake ganin ya saura daga gare shi shi ne wannan hali na ɗaukar nauyin abin da ka aikata, da sanin cewa wanda kuke shari'a da shi bai tashi daga maƙwabci ba.

A makon jiya da na je gida shirin saukar bana, na shiga gaida Alhaji Buba. Ya tsufa ƙwarai, ido ya yi rauni, sai da na faɗi sunana ya gane ni. Na ce masa ina so in rubuta labarin nan a jarida, in bai yarda ba zan bari. Ya ce, “Rubuta, 'yata. Amma ki sa wannan a ciki. Ranar da za a yanke hukuncin, ina zaune a kotun nan ina roƙon Allah a zuciyata kada alƙali ya ba ni abin da na nema. Girman kai ya hana ni miƙewa in janye. Da an ɗaure ubanki, da wane ido zan dubi tsohuwata? Da wace ƙafa zan shiga masallacin unguwar nan?” Ya share ido da bakin rawaninsa ya ce, “Na yi shari'u a rayuwata, na ci wasu. Ban taɓa jin daɗin wadda na ci ba kamar yadda na ji daɗin faɗuwa a wannan.”

Allah ya gafarta wa Malam Inuwa, ya gafarta wa Dada, ya sa Aljanna ce ta haɗa su maƙwabtaka. Mu da muka saura, Allah ya kyautata namu ƙarshen.